Rumfar Gwaggo Bushiya da Babu Ita a Waya

A wani daji, can gefen kogi, akwai kasuwar abinci da gero ya yi tsada a cikinta har kaji suka koma gaishe shi daga nesa. Majalisar kasuwa ta zauna neman mafita, Ɓauna Sarkin Kasuwa a tsakiya. Sai Dila ya miƙe, shi da bai daɗe da dawowa daga birni ba, waya rataye a wuya.

"Ranka ya daɗe," in ji Dila, "duniya ta wuce ta bar mu. Yanzu mai abinci hoto yake sakawa a waya, mai saye ya gani ya ba shi taurari, Shirwa ta kai masa har gida. Abin da babu shi a waya, babu shi a kasuwa. Duk wanda Laraba ta zagayo ba shi da tauraro, a karɓe rumfarsa."

Aka yi tafi raf-raf, aka rubuta doka. Ba wanda ya tambayi hikimar ba wa Shirwa aiken abinci, ita ma ba ta tayar da maganar ba.

Biri mai fura tuni ya gane kan abin. Ya rage curin furarsa ya koma kamar goro, ya ajiye tururuwa a gefensa, ya matso da waya ya ɗauki hoto. Kai, ka rantse dutse ne! Taurari suka dinga zuba, domin tun kafin furar ta iso ake bayarwa.

Ita kuwa Gwaggo Bushiya shekara talatin tana dama fura a rumfar gindin tsamiya, da ita ta raini 'ya'ya da jikoki. Wanda ya zo sai ta ba shi ɗanɗano, in ya saya ta ƙara masa gyara, da tsada da araha. Matsalarta ɗaya: da an saita mata waya sai ta rungume ƙwarya ta dunƙule. Sau tara Dila ya gwada, sau tara ya samu hoton ƙaya.

Ranar Laraba aka kira ta gaban majalisa. Ta zo da ƙwaryarta, ba ta san inda za ta nufa ba in rumfar ta tafi. Tun hantsi Dila ke jawabi, har azahar bai sauka ba. Yunwa ta ci majalisa, aka danna waya aka sayi furar Biri. Can sai ga Shirwa tana lashe baki, ta dire ɗan ƙoƙo. Ɓauna ya leƙa ciki ya daɗe yana nema.

"Ranka ya daɗe, kafin a kore ni, a jiƙa maƙoshi," in ji Gwaggo, ta miƙa ludayi. Ɓauna ya sha, ya lumshe ido. Ya shanye ƙwarya guda, ta ƙara masa gyara.

Ya goge baki ya ce, "Dila, doka ba ta canzawa. Duba mana, rumfar Gwaggo tana cikin wayar?"

"Babu ita, ranka ya daɗe, shi ya sa ma..."

"To madalla. Kai ka ce abin da babu shi a waya babu shi a kasuwa. Yaya majalisa mai mutunci za ta karɓe rumfar da babu ita? Gwaggo, tafi abinki, mu ba mu san da ke ba."

Gwaggo ta yi godiya har ƙasa, don murna ta mance da ludayinta.

Har yau Biri ne gwarzon masu fura na dajin, ga takardar yabo manne a rumfarsa. Layin da ya fi kowanne tsawo kuwa yana gindin tsamiya, inda babu komai, kuma Dila ba ya yarda a riga shi.