Ranar da Na Kai Mu Hawa Jirgin Ruwa

Da aka sassauta kullen korona, na ga talla a waya: yawo a jirgin ruwa, sannan zagayen unguwar Yahudawa don jin abin da ya same su a Yaƙin Duniya na Biyu. Ban karanta ƙasan tallar ba. Shekara huɗu ina karatu a Kuala Lumpur, wa zai koya mini garin? Na yi mana rajista, ni da matata Hajara da maƙwabcinmu Malam Sani.

A hanya Malam Sani ya ce, "Dakta, Yahudawa kuma a garin nan?"

Na ce, "Matsalarku ke nan, ba kwa karatu."

Muka tsaya bakin kogin Klang da ya ratsa garin, sanye da takunkumi, Hajara riƙe da kular shinkafa. Babu jirgi, babu alamarsa. Can saƙo ya shigo, na buɗe, sai ga wata Baturiya tana mana maraba daga Budapest, can ƙasar Hungary. Ashe ta bidiyo ake yawon.

Muka zauna kan dakali, mu uku a waya ɗaya, tana nuna gaɓar kogin garinsu inda aka harbe Yahudawa lokacin yaƙin. Ba wanda ya yi dariya sai da ta gama.

Har yau ko yayyafi aka yi, sai Malam Sani ya bugo: "Sarkin Ruwa, ƙarfe nawa jirgi zai tashi?"