Muntari Ɗage da Rasuwar Iya Saude

"Ni fa shari'a a aljihuna take! In na ce ta zauna, ta zauna. In na ce ta kwanta, sai munshari!"

Muntari Ɗage ke nan, mutumin Zurgu, yana cika baki a teburin mai shayi. Aboki, da ka ga yadda yake karkata hula sai ka rantse shi ya haifi doka, alhali ko sammaci sai an karanta masa. Shekara bakwai ke nan da Huseina, 'yar baffansa, ta kai ƙararsa a kan gonarta ta gado da ya haɗe da tasa. Duk ranar zama sai ya kawo uzuri a ɗage, shi kuwa ya dage da noman gonar. Sau bakwai yana girbe dawa, baiwar Allah tana kallo.

Ana nan sai babbar kotu ta aiko da umarni: duk tsohuwar shari'ar da ta kwanta a ƙananan kotuna, a tashe ta, a gama kafin damina.

"Ba su san ni ba ne!" in ji gogan naka.

Ranar zama ya naɗo ƙafa da bandeji, ya shigo yana ɗingishi yana nishi.

"Malam Muntari," in ji alƙali, "hagu ka naɗe, ga shi dama kake ɗingisawa."

Nan take ya sauya ƙafa. Kotu ta fashe da dariya.

"Ranka ya daɗe, lauyana ya tafi umara."

"Ba ka taɓa ɗaukar lauya ba."

Gumi ya keto masa. Sai ya zaro babban makaminsa, ya matse ido, ya karya murya. "Kakata Iya Saude ce ta rasu jiya. A ɗage mana, muna zaman makoki."

Alƙali ya buɗe fayil, ya gyara tabarau. "Allah ya ji ƙanta. Ga shi a rubuce ta rasu shekara biyar da suka wuce. Bayan shekara biyu ta ƙara. Bara ma ta rasu. Wannan ta huɗu ke nan. Huseina, ina shaidarki?"

Sai ga wata tsohuwa ta dogaro sanda, bakinta jawur da goro. Wallahi Iya Saude ce, ras da ita!

"Ranka ya daɗe," in ji Iya, "daga tsamiya zuwa bakin kwari na uban Huseina ne, a gabana aka raba." Ta juyo kan jikan nata. "Kai kuma ɗan nema, sau huɗu kana binne ni, ko waina ɗaya ta sadaka ban gani ba?"

Kafin azahar gona ta koma hannun Huseina, har da hawayenta na murna. Muntari ya manta da ɗingishi, ya zabura ya nufi babur ɗinsa.

Iya ta ɗaga murya daga bakin ƙofa, kowa na ji: "Kai Muntari, tsaya mana! Gawar ma ba za ka kai ta gida ba?"