Famfon da Na Kafa a Mayo Gwoi

Sana'ata tsara wuraren da ake ɗaukar fim, kuma ba yabon kai ba, a Jalingo ba wanda ya kama ƙafata. Da darakta ya ce yana son famfon tuƙa-tuƙa a bakin hanya a unguwar Mayo Gwoi, da katako da bututun roba na haɗa shi. Na shafa fentin tsatsa, har na kwara ruwa a gindinsa don a samu caɓi.

Darakta ya ce, "Oga, rufe shi da tamfol zuwa gobe."

Na ce aiki irin wannan ba a ɓoye shi.

Washegari na tarar da layin bokitai da jarkoki har kwanar titi. Ashe unguwar ta daɗe ba ruwa. Wata dattijuwa, Mama Rifkatu, ta riƙe hannuna tana cewa, "Injiniya, Allah ya yi maka albarka!" Maimakon in faɗi gaskiya, sai na ji bakina ya ce, "Amin, Mama." Daɗin yabon ne ya kwashe ni.

Ta kama mariƙin famfon da ƙarfinta, ta danna sau ɗaya, ya ɓalle a hannunta. Ta dube shi, ta dube ni.

"Ɗana, katako ne?"

Yinin ranar ni da 'yan fim muka yi ta jido musu ruwa daga rafi. Har gobe ina nan kan bakana: ba a taɓa yin famfo mai kyansa ba. Amma duk sanda hadari ya haɗo, sai matan unguwar su ɗaga murya in na zo wucewa: "Injiniya, mun gode, ga ruwanka nan ya iso!"