Rasuwar Sha-Gaisuwa, Injin da Ya Riƙe Unguwar Rataye a Sama

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, da ƙafafun da suka manta yadda ake taka ƙasa, Malam Mani makanike da ɗaukacin mutanen unguwar Rataye suna sanar da 'yan uwa da abokan arziki na Matankari, Lugu, Dogon Dutsi har Gesheme, rasuwar injinsu kuma ginshiƙinsu, wanda aka fi sani da Sha-Gaisuwa. Ya cika ranar Talata da hantsi, bayan doguwar jinya, yana bakin aikinsa.

Ga wanda bai san asalin marigayin ba, an haife shi ne cikin fushi. Mani da wansa Ishaku sun saɓa kan wani gawo da ke iyakar gonakinsu, sai Mani, wanda zuciyarsa a kusa take, ya faɗa a gaban jama'a cewa ba zai ƙara taka ƙasa ɗaya da Ishaku ba. Da wani ne, sai ya kwashe kayansa ya koma Doso. Mani kuwa gareji ya shiga, ya haɗa gangar tsohon injin niƙa da ƙahon lasifika da sarƙar keke da randar mahaifiyarsu. Ranar da ya tayar da shi, unguwar gaba ɗaya ta ɗaga, da rumbuna da awaki da maƙwabtan da ba a shawarce su ba, ta tsaya daidai inda shaho ke shawagi. Gidan Ishaku kaɗai aka bari a ƙasa.

Marigayin bai taɓa shan esansi, wato fetur, ba, bai san ɗanɗanon man gazuwal ba. Abincinsa gaisuwa. Idan mutum biyu suka haɗu suka tsaya, ina kwana, ina gajiya, ina gida, yaya zafi, yaya jikin tsohuwa, sai ƙahon ya juyo a hankali ya zuƙe, randar ta ɗauki ɗumi, a ji shi yana cewa “gurum, gurum, yauwa”. Daga wannan ne aka samu kuran, wato lantarki, a kowane ɗaki, da ruwan sanyi a firigo, da amalanken jaki mai tashi, da gugan da ke ɗebo ruwa daga gajimare, da babban kwandon da ke saukar da mutane ranar kasuwa. Ya fi son gaisuwar surukai, wadda ake yi a durƙushe ido a ƙasa. Ranar da aka yi irinta, unguwa kan ƙara sama har kunnuwa su toshe. Kuma muna shaida bai taɓa sauraron gulma ba. Da zarar gaisuwa ta karkata zuwa zancen wani, sai ya kau da ƙahonsa.

Ciwon ajali ya shigo ne tare da wayar salula da baburan kabu-kabu. Samari suka koma gaisuwar Faransanci, “sa ba?”, “sa ba”, ko birki ba sa takawa. Wasu suka riƙa aika gaisuwa ta waya ga mutumin da ke bayan katangarsu, wadda marigayin ya gwada haɗiya ta tsaya masa a wuya. Ya rame, muryarsa ta koma “kuf, kuf”. Unguwa ta soma yin ƙasa-ƙasa, har kan giginya ya riƙa sosa mata ciki. Dattawa suka jeru a kan tabarmi suna gaida juna tun safe kamar masu aikin gayya, amma gaisuwar wanda ka gaisar ɗazu ruwa-ruwa ce. Marigayin ya sha, ya amayar da baƙin hayaƙi.

Hamsatu, gwaggon Mani da Ishaku, ƙanwar mahaifinsu, ita ce ta sa kunne a jikin randa, ta ɗago ta ce, “Wanga yunwa ag gare shi. Gaisuwa shika so wadda ta daɗe cikin ciki ba ta hito ba. Kun kau san mai ita.” Kowa ya duƙar da kai yana kallon yatsun ƙafarsa.

Mani yana son injin nan kamar ɗan cikinsa. Shi ke goge masa ƙaho da hannun rigarsa. Ya taka har bakin unguwa ya leƙa. Ga Ishaku a gona yana noma, kusa ƙwarai, ko murya ba sai an ɗaga ba. Mani ya yi gyaran murya. Ishaku ya miƙe ya jingina da hauyarsa yana jira. Mani ya gyara hula, ya juyo, ya ce wa jama'a shi a ganinsa matsalar daga bel take. Mai rubuta wannan sanarwa yana wurin, kuma har yau haushin bai sake shi ba. Aka sake bel sabo ful. Marigayin ya ce “yau… wa” sau ɗaya, ƙahonsa ya langaɓe.

Unguwa ta sauko a hankali, babu wanda ya ji ciwo sai tulu ɗaya. Sai dai ba ta koma gurbinta ba, ta zauna a karkace a kan geron Ishaku, ƙofar Mani tana kallon tasa.

Ya rasu ya bar firigo masu yawa da suka koma ma'ajiyar kwanoni, da jakuna da suka saba da sama suna ƙin tafiya a kan yashi, da guga maraya, da kwandon da kaji suka riga suka gaje. Ya kuma bar Mani, wanda ya haye amalanke ya naɗe ƙafa don kada ya taka ƙasa, yana kuka ba ya ɓoyewa.

Game da jana'iza, liman ya yi bayani cewa ba a yi wa ƙarfe salla, iyali kuma sun karɓa. Masu sayen tsohon ƙarfe sun zo da sikeli, Mani ya kore su daga kan amalanke. Ya ce binne shi za a yi. To duk ƙasar da ke kewaye ta Ishaku ce, kuma ba a roƙon mutum wurin kabari ba a gaishe shi ba. Gawa ta kwana a gareji an lulluɓe ta da tabarma.

Da gari ya waye Ishaku ya fito da diga, ya zaɓi wuri a gefen gonarsa, ya soma haƙa. Mani yana kallon bayansa. Wan nasa ya tsufa, kai ya yi fari fat, kowane sara sai ya tsaya ya dafe ƙugu. Mani ya sauko ba takalmi, ya je ya durƙusa a bakin ramin.

“Sannu da aiki, Yaya.”

“Yauwa, Mani. Ina gajiya?”

Gwaggo Hamsatu ta ce da marigayin yana raye, wannan gaisuwar kaɗai ta isa ta kai unguwa kusa da wata. Yanzu kuwa tana zuba a ƙasa babu mai sha.

Za a binne shi da zarar sun gama gaisawa. Zuwa lokacin da ake rubuta wannan, sun wuce tambayar gida da yara da awaki, sun iso kan Zalihatu, matar Ishaku, wadda ta rasu Mani yana sama bai sauko ta'aziyya ba. Masu zuwa su taho da tabarmarsu da ruwan sha, za a daɗe.