Firijin Malam Ya Cika, Madara Ta Bi Bayansa

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, da hanci mai cike da tsami, Malamin Kimiyya yana sanar da 'yan uwa da abokan arziki rasuwar firijinsa, wanda ya cika ranar Asabar da ƙarfe tara na safe, bayan gajeriyar jinya.

Marigayin ya shekara goma sha huɗu tsaye a lungun kicin, bai taɓa neman kujera ba. Mai sanyin hali ne, mai rufin asirin tukunyar jiya. Ba a taɓa jin bakinsa ba sai "zzzz", sai kuma "ƙyat-ƙyat" ɗin da ya fara a makonsa na ƙarshe, Malam ya ce tsufa ne kawai.

Ya cika ne a ranar da surukin Malam, tsohon malamin lissafi, zai zo shan shayi karo na farko tun bayan aure. Malam ya shekara yana neman dattijon nan ya yarda cewa 'yarsa ta auri mai ilimi. Uwargida ta ce a tafasa madarar shayin tun da wuri, kada ta lalace. Malam ya ce a bar wa masana.

Ya ɗauko biro. Duk ƙarin zafi na digiri goma, in ji shi, yana ninka saurin lalacewa kusan biyu. Cikin marigayi lokacin yana raye digiri biyar ne, kicin talatin da biyar, hawa uku ke nan. Ya rubuta biyu, ya ɗora mata ƙaramin uku a ka, amma don zumuɗi ya karanta shida. Madarar da za ta yi awa arba'in da takwas a sanyi, ya raba da shida, ya ba ta awa takwas, har ƙarfe biyar.

Ashe biyu sau biyu sau biyu ne, takwas. Awa shida gare ta. Suruki ya iso ƙarfe huɗu, madara ta tsinke a kofinsa, takardar lissafin kuma tana kan tebur. Malam ya ji kunyar da bai taɓa ji ba.

Marigayin ya bar kwalabe bakwai, rabin kankana, da tiren ƙanƙara da ya koma hawaye zalla.

Mai gyara zai ɗauki gawar gobe da hantsi. Ana karɓar gaisuwa a falo, baƙin shayi kawai za a sha. Suruki ya riga ya aiko da tasa: ya dawo da takardar, ya zagaye shidan da jan biro, ya rubuta a ƙasa, "Ka same ni ranar Litinin, da littafinka."