Fim ɗin Japan da Sabuwar Sifikata

Har yau ban yarda laifina ba ne. Sabuwar sifika na sayo, na tara maƙwabta mu kalli tsohon fim ɗin barkwanci na Japan da aminina Sale ya turo mini. Bakin 'yan wasan na motsi, amma ko tari ba a ji!

Washegari na ɗauki sifikar na dira shagon wanda ya sayar mini a Ikara, na kira shi macuci a bainar jama'a. Yana jona ta da wayarsa, kiɗa ya cika kasuwa.

Sai daga baya Sale ya ce, "Ai a zamanin da aka yi fim ɗin ba a ɗaukar murya." To, me ya hana shi faɗa tun farko?

Yanzu in liman ya yi karatun azahar a ɓoye, ana sallamewa sai a taɓo ni: "Malam, shi ma Ikara za ka mayar da shi?"