Yadda Za Ka Kwashe Faifan Turawa a Kaset Ba Tare da Muryar Kawunka Ta Shiga Ba

Tun da aka biya ma'aikata ariyas na albashi, kowane saurayi a Gidan Igwai ya sayi rakoda. Kai ma ka saya, kaset ɗinka ɗaya, kuma abokinka Junaidu ya ara maka garmaho da faifan masu jita da gashi har kafaɗa. Bayan la'asar zai karɓi kayansa ya koma Kaduna. Kwantar da hankalinka. Duk ɗalibin da ya bi ni, ya dace.

1. Goge faifan
Da tsumma mai laushi, a hankali. Kada ka ajiye shi kusa da taga. Ranar Sakkwato ba ta san kayan aro ba.

2. Nemi shiru
Rakodarka za ta zauna gaban lasifika, kuma ba ta zaɓe: abin da ta ji shi take ɗauka. Roƙi Inna Hajjo ta ɗaga daka. Kai akuya maƙwabta. Zakara ba ya jin roƙo, sai haƙuri.

3. Danna jan maɓalli
Sauke allurar garmaho kan faifan. Kada ka yi tari. Masana sun ce numfashi ma rage shi ya fi.

4. Sallama
Daidai inda mai jita ya fara kuka da ita, Kawu Illo zai yi sallama a zaure. Amsa sallama wajibi ne, kuma Kawu ba ya gaisuwar tsaye. Zai tambayi gida, aiki, zafi, da ƙafar da ka gurɗe bara. Amsa duka. An yi maka tarbiyya.

5. Saurari abin da ka samu
Junaidu ya tafi da faifansa. Kunna kaset. Ganga, jita, sai "Lahiya lau, Kawu." Kawu zai matso, ya karkata hula, ya ce, "Wagga muryata ta? Maido baya in ji." Maido masa. Zai ce Turawan nan sun cika surutu ana gaisawa, amma a haka zai tafi da kaset ɗin rumfarsa ta hatsi, 'yan kasuwa su ji. Ba a hana kawu abu. Haɗa masa da rakodar, tunda ba shi da ita.

Ni dai darasi na bayar. Wanda ya rasa kaset, ko rakoda, ko duka biyun, ya je kasuwa ya gaida kawunsa, a kunna masa.